Shagalin Dare a Tokyo: Hukumar Shibuya Ta Yi Daidai

Jama'a, yau zancenmu ya tsallaka teku zuwa Tokyo, babban birnin ƙasar Japan, inda hukumar wata unguwa mai suna Shibuya ta sa ƙafar wando ɗaya da masu shagalin dare. Ita wannan unguwa, tare da Harajuku da ke cikinta, nan ne matattarar 'yan kwalisa. Tun 1979 da aka buɗe kantin nan mai suna 109, can 'yan mata ke zuwa su ga abin da ake yayi. Wajen 1980 kuwa, samari da 'yan matan da ake kira Takenoko-zoku sukan fito ran Lahadi cikin manyan riguna masu launi iri-iri, su ajiye rediyo mai kaset a titi su yi ta rawa, da yamma kowa ya kama gabansa.

To, sai ga bikin Halloween da aka aro daga Amurka, watau daren 31 ga Oktoba da ake yin shigar dodanni. Taro ya yi taro, giya ta shiga, har a 2018 waɗansu suka kifar da wata ƙaramar motar kaya a tsakiyar titi. A 2019 hukuma ta hana shan giya a titi lokacin bikin. Bayan turmutsutsun birnin Seoul na 2022, wanda ya ci rai fiye da 150, shugaban unguwar, Ken Hasebe, ya fito a 2023 ya roƙi mutane kada su zo bikin. Daga Oktoban 2024 hanin ya zama na kullum a kewayen tashar jirgin ƙasa, daga ƙarfe 6 na yamma zuwa 5 na asuba.

Waɗansu sun ce an takura wa matasa, kuma an rage wa masu kantuna ciniki. Lalle akwai ƙamshin gaskiya, amma a duba da kyau. Ba a hana kowa sa tufar da ya ga dama ba, ba a rufe gidajen rawa ko ɗakunan waƙar karaoke ba, kuma dokar ba ta ɗora wa kowa tara ba, jan kunne ne kurum. Abin da aka ce shi ne titi na kowa ne: da mai komawa gida daga aiki, da mai shara da zai kwashe kwalabe da sassafe.

Mu da muke zaune a manyan biranen kudu mun san yadda hasken birni ke ruɗin baƙon yaro, ya ga kamar dare ba shi da mai shi. Ado ba laifi ba ne, nishaɗi ma haka, amma idan wasan wani ya zama barazana ga ran wani, tilas hukuma ta tsawata. Rigakafi ya fi magani. Allah Ya kiyashe mu.