JARRABAWAR ƘARSHE TA PERMI: ABIN DA HUKUMA KE AUNAWA RANAR TUƘI

A duk ranar da aka tsaida domin jarrabawar tuƙin mota, ko a Yamai ne, ko a Maraɗi, ko Damagaram, ko Tawa, tun da sassafe akan ga samari da magidanta, har da mata, sun taru kusa da motocin makarantun koyon tuƙi, kowa riƙe da takardunsa yana jiran a kira sunansa. Wasu ma'aikata ne masu son su riƙa kai kansu wurin aiki. Wasu kuwa yaran mota ne da suka shekara da shekaru suna ɗora kaya a tasha, abincin iyalinsu na gobe yana rataye ga wannan takarda da ake kira permi. Wanda ya ci yakan koma gida ana yi masa barka, wanda ya faɗi kuwa sai ya sake kashe kuɗi, ya sake jiran wata rana.

Saboda hakanan mutane da yawa suna ɗaukar jarrabawar tamkar wani shinge da aka gitta masu, wanda ya kamata a tsallake ta kowane hali. Wannan fahimta tana bukatar gyara. Ɗan lokacin nan da mai jarrabawa ke yi cikin mota shi ne kaɗai lokacin da hukuma ke zama kusa da direba ta ga hannunsa da idonta, kafin ta sake shi a kan hanya tsawon shekaru, tare da rayukan jama'a.

MATAKAN JARRABAWA

Permi kashi-kashi ne, bisa tsarin haruffa da yarjejeniyar birnin Biyena ta shekarar 1968 ta shimfiɗa wa ƙasashen duniya. Harafin A na babur ne. B na ƙaramar mota ne, wadda nauyinta da kayanta bai wuce tan 3 da rabi ba, wadda kuma ba ta ɗaukar fiye da mutum 8 ban da direba. C na manyan motocin kaya ne, D na motocin fasinja, E kuma na masu jan tirela. Kowane harafi yana faɗin girman amanar da aka ɗora wa mai shi.

Kafin a kai ga takardar, ana bin matakai. Da farko akwai tambayoyin dokar hanya, watau abin da ake kira kod: ma'anar alluna, wanda ke da hakkin wucewa a mararraba, wuraren da aka hana tsayawa ko wuce wata mota. Sai gwajin sarrafa mota a fili, inda ake son mutum ya ja da baya ya ajiye ta tsakanin alamu ba tare da ya taɓa ko ɗaya ba. Na ƙarshe shi ne tuƙi a kan titi, cikin jama'a.

Matakan farko biyu ana iya cinsu da hadda da maimaici. Na ƙarshen ba ya haddatuwa, domin titi ba ya faɗin abin da zai kawo. Amalanken jaki na iya fitowa daga lungu, ɗan kabu-kabu na iya kutsowa ta dama, yaro na iya bin ƙwallonsa zuwa tsakiyar kwalta. Mai jarrabawa yana duban ko mutum ya gyara kujera da madubai ya ɗaura bel kafin ya tada mota, ko yana ba da alama kafin ya karkata, ko yana tsayawa cak a gaban allon tsayawa, ko yana barin tazara tsakaninsa da motar gaba. Fiye da duk wannan, yana duban inda idon mutum yake: a kan hancin motar, ko can gaba inda haɗari ke haɗuwa.

LISSAFIN DA KE BAYAN TSANANI

Wanda aka kayar saboda ya makara wajen taka birki yakan ga an tsananta masa. Lissafi kuwa yana tare da mai jarrabawa. Motar da ke gudun kilomita 90 cikin awa tana cin mita 25 a kowace daƙiƙa, kuma direba mai lafiya, wanda ba ya jin barci, yana bukatar kamar daƙiƙa ɗaya tsakanin ganin haɗari da taka birki. Bisa ƙiyasin da ake koyarwa a makarantun tuƙi, mai gudun kilomita 50 yana bukatar wajen mita 25 kafin ya tsaya a kan busasshiyar kwalta, mai gudun 90 kuwa wajen mita 80. In gudu ya ninka biyu, tafiyar da mota ke yi bayan an taka birki tana ninka huɗu. A kan babbar hanyar da ta tashi daga Yamai ta bi Doso, Dogon Dutsi, Birnin Ƙonni, Maraɗi da Damagaram har Difa, wadda ke ratsa tsakiyar garuruwa da kasuwanninsu, waɗannan mitoci su ne tsakanin rai da ajali.

Hukumar lafiya ta duniya, cikin rahotonta na shekarar 2023, ta ƙiyasta cewa mutum miliyan 1 da dubu 190 ke mutuwa a kan hanyoyin duniya kowace shekara, kuma haɗarin hanya shi ne kan gaba wajen kashe yara da matasa ƴan shekara 5 zuwa 29. Yankin Afirka, mai kashi 3 kacal cikin 100 na motocin duniya, yana ɗauke da kusan kashi ɗaya cikin biyar na mamatan. Majalisar Ɗinkin Duniya ta sa burin rage adadin da rabi tsakanin 2021 da 2030. Ga ƙasa kamar Nijar, wadda ba ta da gaɓar teku, wadda hatsinta da albasarta da dabbobinta da kayan kasuwarta duk a kan taya suke tafiya, ingancin direba magana ce ta tattalin arziki kamar yadda take ta lafiya.

MAI HANNU DA MAI TAKARDA

Hanyoyin koyon tuƙi biyu ne a ƙasar nan. Akwai makarantar tuƙi, inda ake biya a koyi doka a aji, a yi ƴan awoyi cikin mota tare da malami. Akwai kuma tsohuwar hanyar tasha, inda yaro ke bin ubangidansa, ya fara da wanke mota da canza taya, sannan a bar shi ya gyara mata tsayuwa, har wata rana a miƙa masa sitiyari a hanyar daji. Ɗan makaranta yakan fito da sanin doka, hannunsa bai nuna ba. Ɗan tasha yakan san kukan inji da halin yashi, amma sau da yawa bai taɓa zama an karanta masa dokar ba, ya kuma gaji halayen ubangidansa, nagari da munana.

Dokar hanya da aka sabunta a shekarar 2014 da faransanci aka rubuta ta, haka ma yawancin littattafan koyo. Mutumin da ya ƙware da mota amma bai yi makarantar boko ba yakan ji tsoron kod, tsoron nan kuma shi ke tura wasu ga yin tuƙi ba takarda, wasu ga neman ƴan tsakiya masu alkawarin samo permi ba tare da wahala ba. Kowace daga cikin hanyoyin biyu asara ce. Wanda ya sayi takarda ya sayi shaidar zur a kan kansa, kuma ranar da birki ya bukaci ilimi, takardar ba za ta taka masa ba. Wanda ya sayar kuwa yana da kaso cikin kowane jinin da aka zubar.

A cikin watan Maris na 2025, kundin tsarin sake gina ƙasa ya ba Hausa matsayin harshen ƙasa, ya bar faransanci da ingilishi a matsayin harsunan aiki. Dokar hanya tana cikin takardun da suka fi cancanta a fara da su. In aka buga ta cikin Hausa da Zabarmanci da sauran harsunan jama'a, da hotunan alluna, aka sa ta cikin darussan yaƙi da jahilci, aka kuma tabbatar kowa na iya amsa tambayoyin kod da harshen da yake ji a kowace jaha, to hujjar bin bayan fage ta faɗi. Daga nan hukuma na da bakin tsanantawa ranar tuƙi ba tare da an ce ta zalunci kowa ba.

YADDA WASU ƘASASHE SUKA YI

Wasu ƙasashe sun lura cewa sabon direba ya fi faɗawa haɗari a shekarunsa na farko, sai suka raba ba da permi mataki-mataki. A Faransa, tun 1992 permi yana da maki 12 waɗanda ake ragewa in an yi laifi. Tun 2004 kuma sabon direba da maki 6 yake farawa, sai ya yi shekara 3 ba laifi sannan su cika, yana kuma manna harafin A a bayan motarsa domin a san shi sabo ne. A lardin Ontariyo na ƙasar Kanada, tun 1994 jarrabawar titi biyu ake yi. Bayan ta farko ana ba mutum izini mai sharuɗɗa, sai ya yi aƙalla wata 12 yana tuƙi sannan ya zo ta ƙarshe, wadda ake gwada shi har a kan babbar hanya mai gudu, kafin ya samu cikakken permi.

Ba kowane tsari ne ake ɗaukowa ɗungurungum ba, domin kowane ƙarin jarrabawa ƙarin kuɗi ne ga talaka, ga kuma bukatar ma'aikata da rajista mai kyau. Amma darasin a fili yake: cin jarrabawa mafarin koyo ne, kuma wanda ya samu permi jiya bai kamata a damƙa masa motar fasinja cike da mutane ya kama hanyar Tawa zuwa Agadas yau ba.

ABIN DA YA RATAYA A WUYAN KOWA

Ga hukuma, aikin shi ne a samar da isassun masu jarrabawa a jahohi, a kafe kuɗin da ake biya a allo inda kowa zai gani, a ba da rasit, a kuma faɗa wa wanda ya faɗi kuskurensa dalla-dalla domin ya gyara. Hukumar kiyaye haɗurran hanya ta ƙasa, watau ANISER, da jandarmomi da ƴan sanda da ƙungiyoyin direbobi suna da rawar takawa wajen wayar da kan ƴan tasha. Ga masu motocin haya, kada su tsaya ga ganin takarda, su zauna kusa da sabon direba su ga tuƙinsa. Ga iyaye, kada su nema wa ɗansu alfarmar da za ta zame masa makara.

Ga mai shirin jarrabawa kuwa, ba a fafe gora ranar tafiya. Ya yi awoyinsa cikakku, ya koyi tuƙi cikin cunkoson kasuwa da cikin ƙura, ya yi barci isasshe daren jarrabawa. In ya faɗi, ya tambayi dalili, ya koma ya koya. Wanda aka maida baya da wata ɗaya ya yi asarar kuɗi da lokaci, waɗanda ake iya maidawa, rai kuwa in ya fita a kan kwalta ba shi da madadi.