RA'AYINMU: Lissafin Dokin Rano a Gidan Caca



A 'yan kwanakin nan wani ɗan'uwa matashi, wanda ke koyon gyaran waya a kasuwa, ya zo mana da wata 'yar takarda da ya cika da lambobi gaba da baya. Ya ce shi fa ya gano hanyar cin kuɗi a tseren dawakin da ake nunawa daga ƙasashen Turai, kuma wai abin da yake yi lissafi ne da sanin doki, don haka kada a haɗa shi da 'yan caca. Da muka ƙara bincike sai ta bayyana cewa kuɗin da ya zuba a makon nan ma na maigidansa ne, an ba shi ya sayo gilasan waya, ya ce bari ya juya su kafin yamma. Har yanzu yammar ba ta yi ba.

Mun zauna mun bi lissafin nasa ɗaya bayan ɗaya, kuma gaskiya babu inda ya yi kuskure wajen ninkawa ko tarawa. Abin da ya faru shi ne rabin lissafin ya yi. Ya lissafa abin da za a ba shi in ya ci, ya manta da abin da aka riga aka cire tun dawakin ba su tashi ba. To, da yake mun san ba shi kaɗai ba ne, kuma da yawa daga masu karanta wannan jarida suna da aboki ko ƙane da ya faɗa wannan tarko, sai muka ga ya dace mu ƙarasa masa ɗaya rabin a bainar jama'a.

Tun farko dai a fahimce mu, ba mu da rigima da doki ko sukuwa. Ya tabbata cewa Manzon Allah (S) ya sa an yi tseren dawaki a Madina, kuma mu nan doki abin ado ne da alfahari tun kaka da kakanni. Abin da muke magana a kai shi ne kasuwar da aka gina a bayan dokin, wadda ta yi ƙarfi a Ingila da Faransa. Ingila ta halatta buɗe shagunan caca a kan titi a 1961, Faransa kuwa ta kafa hukumarta ta cacar dawaki, wato PMU, tun farkon shekarun 1930. Yau ga shi mutum yana zaune a Damagaram ko Garwa yana cika tikiti a kan dokin da zai yi gudu a birnin Faris, wani kuma yana Kano ko Zariya yana latsa waya a kan dokin da ke Ingila, dokin da bai taɓa gani ba, bai san me ya ci da safe ba.

Bari mu fara da yadda ake biya. In aka rubuta 5/1 a gaban sunan doki, ma'anarsa duk naira ɗaya da ka zuba za ta jawo biyar in dokin ya zo na ɗaya, sannan a maido maka da uwar kuɗinka. Wato N1,000 za ta zama N6,000. A waya galibi 6.00 ake rubutawa, duk abu ɗaya ne, ka ninka kuɗinka da lambar kawai. Wannan shi ne iyakar lissafin da yawancin matasa suka iya, kuma shi ne kaɗai wanda mai gidan caca yake so su iya.

Yanzu ga wanda ba ya so ka yi. Mu ƙaddara tsere ne na dawaki huɗu, an sa wa na farko ninkin 2.00, na biyu 3.00, na uku 5.00, na huɗu 10.00. Mu ƙaddara kuma kai mai wayo ne, ka ce bari ka zuba a kan dukkansu yadda ko wanne ya ci za a ba ka N30,000. Sai ka sa N15,000 a kan na farko, N10,000 a kan na biyu, N6,000 a kan na uku, N3,000 a kan na huɗu. Tara su ka gani, N34,000 ke nan. Ka rufe kowace ƙofa, babu yadda za a yi dokinka bai ci ba, amma duk da haka za ka koma gida da giɓin N4,000. Wannan dubu huɗun ita ce ainihin sana'ar. Cikin kowace N100 da jama'a suka zuba a irin wannan tsere, kusan N12 ta riga ta zama ta mai gidan caca tun kafin a buɗe wa dawaki ƙofa, kuma shi bai damu da baƙi ne zai ci ko kili ba. In ninkin na gaskiya ne, da abin da ka zuba da abin da aka ba ka sun zo daidai. An rage kowane ninki ne kaɗan-kaɗan yadda ido ba zai lura ba, kamar mai awo da ya ɗan buge gindin mudunsa ciki.

Na biyu, akwai tikitin haɗaka, wanda shi ne ya fi cin samarinmu. A nan ana zaɓar dawaki da yawa a tsere daban-daban, a ninka ninkinsu gaba ɗaya, amma da sharaɗin sai dukkansu sun ci. Ɗauki dawaki biyar, kowanne a kan 3.00. Uku sau uku har sau biyar 243 ne, wato N100 za ta zama N24,300. Wa zai ga wannan ransa bai biya ba? To amma yadda ribar ke ninkuwa haka yankan da aka yi maka yake ninkuwa. Idan kowane tsere irin wancan ne da muka lissafa a sama, damar a ce dukkan biyar ɗin sun ci kusan ɗaya ce cikin 454. Ma'ana, a tsawon lokaci za ka sayi tikiti 454, ka kashe N45,400, domin ka karɓi N24,300 sau ɗaya. Abin da ke dawowa cikin kowace N100 ya sauko daga N88 zuwa kusan N53. Shi ya sa duk tallan da za ka gani a waya wannan tikitin ake turo maka, har da ƙarin "garaɓasa" in ka ƙara doki na shida da na bakwai. Kuma shi ya sa kullum za ka ji ɗan caca yana cewa doki ɗaya ne ya ɓata masa. Ai dama haka aka tsara abin ya riƙa faruwa, don ka ga kamar saura ƙiris, gobe ka dawo.

Na uku, akwai wanda ake ce maka ko dokinka bai zo na ɗaya ba, in ya shiga na biyu ko na uku za a biya ka. Abin da ba a cika bayyanawa ba shi ne wannan caca biyu ce a tikiti ɗaya, don haka kuɗi biyu za ka ba da, kuma kashin na biyun ana biyansa ne da ɗaya cikin huɗu ko ɗaya cikin biyar na ninkin. Ka sa N1,000 a kan dokin 5/1 ta wannan hanya, N2,000 ke nan ta fita daga aljihunka. Dokin ya zo na biyu, aka biya da ɗaya cikin biyar. Dubun farko ta tafi, ta biyun ta jawo dubu ɗaya, aka miƙo maka N2,000. Waya za ta rubuta maka cewa ka ci, har da 'yar ƙara mai daɗi, alhali kuɗinka ne aka maido maka babu ko kwabo a kai.

Na huɗu, tsarin Faransa, wanda 'yan'uwanmu na Nijar da Kamaru suka fi sani. Shi a nan ana tara kuɗin kowa a tukunya ɗaya, hukuma da gwamnati su ɗebi kasonsu tukuna, sannan a raba sauran ga waɗanda suka dace. Mu ɗauki misali an tara sefa 1,000,000, an cire kashi 30 cikin ɗari, saura 700,000. In waɗanda suka zaɓi dokin da ya ci sun zuba 200,000 a tsakaninsu, kowace sefa 100 za ta samu 350. In kuwa doki ne da kowa ya san yana da gudu, aka zuba masa 600,000, to kowace 100 za ta samu 116 da 'yan kai. Ka ga ke nan sanin dokin da kake taƙama da shi, muddin dubban mutane sun karanta shi a takardar hasashe ɗaya da kai, bai ƙara maka komai ba sai yawan abokan rabo. Manyan kuɗin kuwa suna wajen jera dawaki bi da bi. Jera uku na farko, wanda aka ƙirƙiro a 1954, a tseren dawaki 18 yana da hanyoyi 4,896. Jera biyar, wanda ya zo a 1989, yana da hanyoyi 1,028,160, kuma ɗaya ce tak za ta fito.

Mun san za a ce ai ana ci. Ƙwarai kuwa, ana ci. A ranar 28 ga Satumba 1996, mahayi Frankie Dettori ya lashe dukkan tsere bakwai da aka yi a filin Ascot na Ingila, waɗanda suka haɗa bakwai ɗin a tikiti ɗaya suka samu ninki sama da 25,000, gidajen caca suka yi asarar miliyoyi. Amma ka tambayi kanka, me ya sa har yau wannan rana ɗaya ake ta ba da labari? A shahararren tseren Grand National, wanda ake yi tun 1839, dawaki biyar ne kacal suka taɓa ci a kan 100/1, na baya-bayansu shi ne Mon Mome a 2009. Hatta dokin da kowa ya fi sa wa rai, kusan sau ɗaya cikin uku yake cin tsere. A ɗaya ɓangaren kuma, shugabar kamfanin caca na bet365, Denise Coates, ta karɓi albashin sama da fam miliyan 400 a shekara guda, wato 2020. Daga aljihun wa ya fito? Sannan sananne ne a can Ingila cewa wanda aka ga yana yawan ci, sai kamfani ya taƙaita abin da zai iya zubawa ko ya rufe masa asusu. Wato in ka faɗi ana maraba da kai, in ka iya kuma a nuna maka ƙofa.

Wanda ya fi duk ban takaici shi ne tseren kwamfuta da ake nunawa a allon shago duk bayan 'yan mintoci. A nan babu doki, babu mahayi, babu fili. Na'ura ce ke fitar da lamba, sannan ta zana maka hoton gudu. Amma sai ka tarar da saurayi mai hankalinsa ya buɗe littafi yana rubuta wai "tarihin" dokin zane, yana jiran ranar da lamba shida za ta fito don ta daɗe ba ta fito ba. Na'urar ba ta san ta daɗe ba. Idan wannan ba lissafin dokin Rano ba ne, to mene ne?

Ya ɗan'uwa, duk wannan bayani da muka yi don mu rufe bakin mai cewa dabara ce. Amma ko da a ce lissafin ya ba ka gaskiya, hukuncin bai canza ba. A Suratul Ma'ida, aya ta 90 da 91, Allah Ta'ala ya jera caca tare da giya da gumaka, ya umarci a nisance su, ya kuma bayyana cewa ta nan Shaiɗan ke jefa gaba tsakanin mutane, yana shagaltar da su daga ambaton Allah da salla. Duba da kanka ka gani. Wane ne ke iya tsayuwa a sahu da natsuwa alhali tikitinsa na aljihu, tsere kuma zai tashi ƙarfe huɗu? Kuma ko ka ci, kuɗin wa ka ci? Na ɗan acaɓan da ya zuba balas ɗin ranar ne, da na ɗalibin da ya zuba kuɗin jarrabawa, da na magidancin da aka bari ana jiran cefane. Kamfanin ya ɗebi nasa, ya miƙo maka guntun hawayen ɗan'uwanka.

Mun ga yadda Hukumar Hisba ta rufe shagunan caca da dama a Kano a 2024, amma kowa ya san shagon yanzu ya koma cikin aljihu, kuma wannan babu mai iya sa masa kwaɗo sai mai aljihun. Don haka muna kira ga duk wanda abin ya shafa da ya goge manhajar daga wayarsa yau, kafin ya kwanta. Kada ya ce sai ya maido abin da ya rasa, domin wannan maganar ita ce igiyar da ake jan kowa da ita har rami. Abin da ya tafi ya tafi. Ya nemi ɗan'uwa guda da ya amince da shi ya gaya masa gaskiya, in akwai kuɗin mutane a kansa ya je ya same su a tsara yadda zai biya. Ga masu son lissafi kuma, ga wani mai sauƙi: N500 a kullum, a shekara N182,500 ce. A zuba ta a adashe a ga ko ba za ta zama jari ba. Mu kuma sauran, kada mu mai da wanda ya faɗa ciki abin dariya a majalisa, domin kunya ce ke sa da yawa su ɓoye har sai bashi ya kai musu wuya.

Shi dai ɗan'uwan namu mun raka shi wajen maigidansa, ya faɗi abin da ya faru da bakinsa. An yi faɗa, an kuma yi haƙuri, an amince zai riƙa biya duk mako daga abin da yake samu. Takardar lissafin tana nan wajenmu, mun ajiye ta don duk wanda ke son ya zo mu sake bi tare.

Allah ya tsare mana imaninmu da guminmu, ya wadata mu da halal ɗinsa.