Beli Kafin Kamu da 'Yan Dalit na Indiya

A Indiya, mai fargabar kamu na iya neman beli tun kafin 'yan sanda su taɓa shi. Dokar 1989 ta toshe wannan ƙofa ga wanda ake zargi da cin zarafin 'yan Dalit, waɗanda al'ada ta ajiye a ƙasan kowa. Kotun Ƙoli ta sassauta a 2018, zanga-zanga ta ɓarke, Majalisa ta maido da haramcin. A 2020 kotun ta amince, in banda ƙarar da ba ta da tushe.

Majalisar ce ke da gaskiya. Sau da yawa mai ƙara ƙodago yake yi a gonar wanda ya doke shi. Idan mai gonar ya kwana gida da takardar beli a aljihu, wane shaida zai buɗe baki?