Raddi Kan Batun Maryam Khatoon Molkara

Wani marubuci ya yi da'awar cewa Maryam Khatoon Molkara, 'yar Iran ɗin nan da aka haifa da halittar namiji a 1950, 'yar amshin shatan Turawa ce, kuma wai mas'alar sauya jinsi bidi'a ce daga Yamma wadda fiƙihu bai san da ita ba. Kishinsa ga addini abin fahimta ne, amma hujjarsa ba ta da tushe balle makama.

In 'yar amshin shata ce, me ya kai ta ƙofar malamai maimakon ofishin jakadanci? Tun a 1975 ta aika wa Ayatullahi Khumaini wasiƙa yana gudun hijira a Iraƙi. Bayan juyin juya halin 1979 kuwa, da aka kore ta daga aikinta a gidan talabijin, aka kuma tsare ta a asibitin masu taɓin hankali, ba ta tsere ba, sai ta nufi gidan Khumaini a Tehran, dogarai suka lakaɗa mata duka, har dai ta fito da fatawar da ta halatta tiyatar sauya jinsi, wadda Iran ke aiki da ita har yau.

Lalle malaman Sunna da yawa sun saɓa wa wannan fatawa, suna bambance hunsa, wato mata-maza, wanda fuƙaha'u suka daɗe da fayyace rabon gadonsa, da mai cikakkiyar halitta. Marubucin yana da damar bin su. Sai dai ya bayyana mana, wace ƙasar Turai ce ta aike ta neman hukunci wurin Khumaini?