Masanin Shari'a a Majalisa: Abin Lura Daga Abdullahin Gwandu

Da sunan Allah Mai rahama Mai jin ƙai. Gaisuwa ga malamai ma'abota allo da tawada, da attajirai da 'yan tireda na Kakuri da Makera da Barnawa.

Bayan haka, duk sa'ad da zaɓe ya gabato mukan ga lauyoyi da masu ilmi suna zaga zaurukanmu, suna neman addu'a da ƙuri'a domin kujerar majalisa, ko ta jiha da ke ƙetaren kogi, ko ta Dattawa a Abuja. Kowannensu sai ya lissafa mana takardun karatunsa. Ni kuwa a ganina akwai tambaya guda wadda ta fi takarda nauyi: me ka taɓa ƙi alhali kana da ikon karɓa?

Hujjata ita ce labarin Malam Abdullahi ɗan Fodiyo, ƙanen Shehu Usmanu kuma wazirinsa, masanin fiƙihu, wanda aka haifa wajen 1766. Yana cikin jagororin yaƙin Tabkin Kwatto a 1804. Da nasara ta soma samuwa, sai ya ga zukatan waɗansu abokan tafiya sun karkata ga neman sarauta da tara dukiya. Wajen 1807 ya bar runduna, ya fuskanci gabas da niyyar Makka. Da ya iso Kano mutanenta suka tare shi da roƙo ya sanar da su hanyar hukunci. Ya zauna ya karantar da tafsiri, ya wallafa musu Liya'ul Hukkami, sa'an nan ya koma wurin Shehu.

A 1812 aka danƙa masa yammacin daula. Da Shehu ya rasu a 1817 aka yi wa Muhammadu Bello mubaya'a. Abin ya sosa ran Abdullahi, amma bai ɗaga tuta a kan ɗan wansa ba, kuma bayan yaƙin Kalambaina shi ma ya yi masa mubaya'a. Ya rasu a Gwandu a 1829. Ashe sau biyu ya ƙi: ya ƙi ganimar da ta saɓa wa shari'a, ya ƙi fitina domin gadon mulki.

Irin wannan hali ko'ina tsada gare shi. A wannan ƙarni dai, can Amurka, an yi wani lauya, Charles Sumner, wanda ya shiga Majalisar Dattawansu a 1851. A 1856 ya yi jawabi mai zafi a kan yaɗuwar bauta, bayan kwana biyu wani wakili ya same shi a zauren majalisa ya yi ta dukansa da sanda har ya suma. Shekara uku yana jinya, majalisar jiharsa ta sake zaɓensa, ya koma bai sauya magana ba har ya mutu a 1874.

Watakila wani ya ce, to, mutumin kirki ya nisanci majalisa mana. A'a. Abdullahi da ya tafi ai ya komo, ya riƙe jama'a da littafi a hannu. In nagari duk suka janye, wa zai tsaya mana ranar da ake yanka harajin kasuwa, ko ake shawara a kan filaye da makarantun allo?

Saboda haka, ya 'yan'uwa, mu auna mai nema da abin da ya taɓa bari, kada mu auna shi da abin da ya kawo. Wanda ya sayi addu'arka da buhun shinkafa, a harajin rumfarka zai fanshe kuɗinsa. Allah Ya ba mu shugabanni masu tsoronSa. Haza wasalam.