Ruwan Ƙarƙashin Kakau Ajiya Ne, Ba Kogi Ba

Jama'a, akwai wata magana da ta zauna a bakin mutane, wai a ƙarƙashin ƙasa kogi ne shimfiɗe, duk wanda ya haƙa ya zurfafa sai ya tarad da shi. Wannan zato shi ke cin dukiyar masu gina gidaje a Kakau da sauran unguwannin da ke kudu da kogin Kaduna, ya kamata a warware shi.

Ƙasar Kaduna a kan tsohon dutse take zaune, irin wanda ya fito fili a Kufena ta Zariya da duwatsun Kajuru. Shi wannan dutse ba ya shan ruwa. Amma da daɗewar zamani samansa ya ruɓe ya zama marmara da yumɓu da tsakuwa, kaurinsu sau da yawa bai wuce ƙafa 100 ba. A cikin wannan ruɓaɓɓen dutse ruwan sama ke kwanciya, kamar yadda soso ke riƙe shi. Can ƙasa kuwa, sai inda dutsen ya tsage ruwa ke samun wurin shiga, kamar ƙadangare da bango. Dalili ke nan mutum kan gina rijiyar burtsatse ya sami ruwa, maƙwabcinsa ya gina ya tashi da ƙura.

Ba haka abin yake a Barno da Sakkwato ba. Can rairayi ne mai kauri shimfiɗe a ƙarƙashi, har waɗansu rijiyoyin da aka haƙa a Barno wajen 1960 ruwansu ya riƙa ɓulɓulowa da kansa. Duk da haka, da aka bar su suna zuba dare da rana, ƙarfinsu ya ragu. To, ina ga namu ɗan ƙanƙane?

Abin da muke sha da rani, watau ragowar damina ne. Ruwan sama kusan inci 50 ke sauka a Kaduna a shekara, daga Afrilu zuwa Oktoba, kaɗan ne daga ciki ke nutsewa. In kowa ya shafe tsakar gidansa da siminti, aka sare itatuwa, aka cike fadama aka yi gini, ruwan sai ya bi kwata ya wuce kogi. Sa'an nan kowane gida na zuƙa da inji daga tulu guda. Ba mamaki rijiyoyin talakawa su ƙafe tun watan Maris.

Saboda haka ga shawara. Kada a kafa injin haƙa sai masana sun auna wurin. Akwai makarantar koyon aikin ruwa ta tarayya a Mando tun 1979, ba a rasa masu wannan sani ba. A nisanta salga da rijiya, aƙalla ƙafa 100, rijiyar kuma ta kasance ta sama da gangare, domin ƙazanta ma ƙasa take bi. Masu unguwa su haɗa gidaje goma ko ashirin a kan rijiya ɗaya mai kyau, su hana gini cikin fadama.

Malamai sun sani, ruwa yana cikin abubuwan da Allah ya sa mutane suka yi tarayya a kansu. Katanga tana raba gidaje, amma ba ta raba abin da ke ƙarƙashinsu, ko na Musulmi ko na Kirista. Wanda ya ɓata nasa ya ɓata na maƙwabci.

Allah ya ba mu damina mai albarka, ya ba mu hankalin tattalinta, amin.