Daga Dako Zuwa Sinima

Oumarou Ganda ɗan Yamai lebura ne a tashar jiragen ruwan Abijan lokacin da Jean Rouch, Bafaranshen da ya ɗauki fim kan borin Zabarmawa a nan Akara, ya sa shi cikin Moi, un noir na 1958. Ganda ya koyi aikin, ya rubuta Cabascabo, labarin sojan da ya komo daga yaƙin Faransa a Biyetnam. A 1972 fim ɗinsa Le Wazzou polygame ya ci babbar kyautar FESPACO a Wagadugu.

Yaran da ke dako a Kasuwar Malam Atta ma suna da labari. Mu sa su makaranta, su rubuta da hannunsu, kada kullum baƙo ya ba da labarinmu.